Hannun Sahura a Cikin Fim

Tun daga zaure Sahura ta san ba lafiya. Mahaifiyarta Inna Turai ba ta taɓa jin sallamarta ta ci gaba da aiki ba, ko da tuwo take tuƙawa. Amma yau tana tsugune gaban rabin durom ɗin da take gumin shinkafa, tana ta iza wutar da ba ta bukatar izawa.

“Inna, na iso.”

“Na ji ki.”

Sahura ta ajiye jakarta a bakin rumbu. Tun asuba ta baro Kano, ta canza mota a Gusau, ta sha rami da gargada har Gummi, duk saboda kalma uku da Inna ta faɗa mata a waya: ki taho gida.

Shekara shida ke nan tana aikin da ’yan fim ke kira kwantiniti. Ita ce mai littafi da biro a bayan kyamara. In jaruma ta ɗaura ɗankwali ya karkata hagu ranar Litinin, ranar Alhamis da za a ƙarasa ɗaukar wurin Sahura ce za ta tuna. Wane hannu ya riƙe kofi, shayin ya kai rabi ko ya kusa ƙarewa, maɓalli nawa aka ɓalle a wuyan riga, duk tana rubutawa, ta kuma ɗauki hoto da wayarta. Ba wanda ya san fuskarta. Sunanta kan wuce ne a ƙarshen fim, lokacin da kowa ya tashi neman takalminsa.

Wannan ɓoyuwar ce kaɗai ta sa gidan Alhaji Maiturare na Anka suka yarda ɗansu Haris ya neme ta. Alhaji ko sunan fim ba ya so a ambata a gabansa. Shekara biyu Haris, ma’aikacin lafiya ne a Anka, yana roƙo, kafin a turo Gwaggo Hure, yayar Alhaji, ta zo ta ga yarinyar. Ta zo, ta ƙare mata kallo daga sama har ƙasa, sannan ta sa ta rantse cewa ba ta taɓa fitowa a fim ba, kuma ba za ta fito ba. Sahura ta rantse da zuciya ɗaya. An riga an sa rana, saura mako biyu.

“Inna, don Allah ki dube ni. Mi ya faru?”

Inna ta miƙe da kyar, ta goge hannu a zaninta.

“Lirwanu ya zaka shekaranjiya da wayatai. Ya gwada min abin da idona bai so gani ba.”

“Mi yag gwada maki?”

“Hannunki, Sahura. Cikin hannun namiji, yana shafa shi. Duniya duk tana kallo.”

Sahura ta dubi hannunta na dama. Daga gindin babban yatsa zuwa wuyan hannu akwai tabon ƙuna mai lanƙwasa, wanda wannan durom ɗin ya yi mata tana ’yar shekara tara.

“Kada ki ce min ba naki na ba,” in ji Inna. “Ni nis sa maki magani ga tabon ga wata biyu cur. Ko cikin hannu dubu anka sa shi ina gane shi. Gobe da hantsi Hure na tahe daga Anka.”

“Su ma sun gani?”

“Ka ji ta. Wa ya rage bai gani ba?”

Kafin Sahura ta ba da amsa, ƙarar babur ta tsaya a ƙofar gida. Turaren Lirwanu ya riga shi shigowa. Lirwanu ɗan wan Inna ne, mai sayen zinari a ramukan Bukkuyum, sau uku yana neman Sahura sau uku tana ce masa a’a. Taubashinta ne, don haka kowace muguwar magana sai ya naɗe ta da wasa, in an ji haushi ya ce ai wasan taubasai ne.

“A’a, jarumar gidanmu ta sauka. Taubashiya, ashe kin yi suna ba mu da labari?”

“Kai ka aika wa mutanen Anka?”

“Ni zumunci nir riƙa. Gara su ji daga bakin na gida da su ji ga ’yan tasha.” Ya zauna a kan turmi, ya ɗebi shinkafar da aka shanya yana taunawa. “Kada ki damu. Mutanen Anka tsarki ya yi musu yawa. Ni ko hannu goma anka riƙa maki, ƙohwata buɗe take.”

“Rufe ta, Lirwanu, kada sauro ya cika maka ɗaki.”

Ya yi dariya, amma dariyar ba ta kai idonsa ba. Inna ta ce, “Ke, ɗan’uwanki na. Kuma shi kaɗai na bai guje ki ba.”

Wannan maganar ta fi ta Lirwanu yi mata ciwo. Ta jira har ya buga babur ɗinsa ya tafi, sannan ta ja Inna ɗaki ta ba ta labarin yadda aka yi.

Wata takwas da suka wuce ne, a wani ɗakin asibiti da suka ara a Kano. Labarin fim ɗin ya zo inda miji zai riƙe hannun matarsa tana jinya. Doka ta hana namiji ya taɓa mace a fim, kuma kowa a sana’ar ya san dabarar da ake yi: a kawo kyamara kusa, a nuna hannu biyu kawai, dukansu na mata, ɗaya a zura shi a hannun kaftani. Ranar jarumar ta riga ta wuce wani aikin, rana kuma tana shirin faɗuwa. Darakta ya waiga ya ce, “Sahura, hau gadon nan, hannunki kawai muke so.” Dija mai kwalliya, wadda Allah ya ba ta hannu irin na maƙera, ita ta zura kaftani ta zama miji.

Sahura ce da bakinta ta tsayar da aikin. Littafinta ya nuna mijin yana sanye da agogo mai baƙar fuska a fitowar baya, jarumin kuma ya tafi da abinsa. Aka shiga duba hannun kowa.

Haris yana wurin. Ya zo ganinta daga Anka, yana zaune a lungu a kan benci yana shan lemo. Shi ya kwance agogonsa yana dariya ya miƙa wa Dija. Fuskar baƙa ce, sai dai maɗaurin jan fata ne. Sahura ta yi ƙorafi a kan maɗaurin, darakta ya ce ba mai lura.

Kafin ta hau gadon ta je ta tsaya gabansa. “Alkawarin da na yi wa Gwaggo fa?”

“Hannu na kawai, kuma cikin hannun mace,” in ji shi. “Ni na shaida. In magana ta tashi, ni za ni tare ta.”

Inna ta saurara har ƙarshe, ta sauke ajiyar zuciya mai nauyi. “Ashe yaron na wurin? To alhamdu lillahi. Shi hwaɗi musu mana.”

“Zai faɗa, Inna.”

Ta kira Haris sau huɗu kafin magariba. Wayar na ta ƙara, ba a ɗauka ba. Ta ce wa kanta ƙila yana ƙauye wurin aiki, ta kuma yarda da hakan don ba ta da wani abin riƙewa.

Washegari da hantsi mota ta tsaya a ƙofar gida. Gwaggo Hure ta shigo da carbi a hannu, ta amsa gaisuwar Sahura da hanci, ta wuce ɗakin Inna. Haris, wanda ya tuƙo ta, ya tsaya a zaure.

Sahura ta yafa mayafi ta fita wurinsa da sauri. Rabonta da shi wata biyu. Ya rame, ya bar gemu ya yi buzu-buzu, kuma duk da halin da ake ciki sai da zuciyarta ta yi sanyi da ganinsa.

Daga nan idonta ya yi aikin da ya saba. Hula ta zauna daidai. Biro biyu a aljihu, kamar kullum. Wuyan hannun hagu kuwa babu komai, sai zoben fatar da ta fi sauran haske, inda agogo ya shekara goma yana zaune.

“Ina agogonka?” ta tambaya a hankali.

Ya ja hannun rigarsa ya rufe wurin. “Ya lalace.”

“Yaushe?”

“Sahura, ba maganar agogo ta kawo ni ba.”

“Ita ta kawo ka. Ka cire shi ne don kada a gane.”

Ya juya ya dubi bango. Ta dafa ƙyauren zauren.

“Ki saurare ni,” in ji shi, murya ƙasa ƙasa. “Rannan da niz zo Kano, Baba ya san ƙauyen Zugu nit tahi ɗibar jinin yara don gwaji. Haka nic ce mishi. Kin san shi. Ya taɓa rantsuwa gaban ƙannena cewa duk ɗan da yat taka wurin ɗaukar fim, ya nemi wani uba. In nic ce ina wurin, ƙarya biyu ke nan ta hito rana guda.”

“To ni fa?”

“Ke mace ta, za a tausaya maki. Na yi magana da Gwaggo cikin mota, ta yi laushi. Ki ce kuskure na, shaiɗan na, kin tuba. Ki ce kin bar aikin daga yau. Wallahi za ta shawo kan Baba, ko da an ɗaga ranar.”

Sahura ta dube shi kamar yau ta fara ganinsa. Hawaye suka zubo mata, ba ta share ba.

“In ce namiji ya riƙe min hannu?”

“Magana ta kawai, ta minti guda.”

“In tsaya gaban uwata in ce na yi rantsuwa a kan ƙarya? Haris, shekara shida ina cikin maza ina aiki. An kira ni ’yar iska a tasha, an kira ni a gidan biki, ƙawayena na makaranta sun daina gayyata ta suna. Abu ɗaya nake riƙe da shi, na san ban yi ba. Shi kake so in ba ka?”

“Don mu nike so, ba don ni ba.”

“Kai ka ce min ka zama shaida.”

“Na ce. Ban san za ta kai haka ba.” Idonsa ya kawo ruwa shi ma. “Ina son ki, Sahura, Allah ya sani. Shekara biyu ina durƙuso gaban Baba saboda ke. Kwana ukun ga ko abinci ban iya ci. Amma ban iya kallon idon tsohon ga in ce mishi na yi mishi ƙarya. Ban iyawa.”

“Amma kana iya kallon nawa.”

Abin da ya fi ƙona mata rai shi ne ta san ba ƙarya yake ba, yana son ta ɗin. Son ne dai bai kai nauyin tsoron ba.

“Zan shiga,” ta ce, tana goge fuska da gefen mayafi. “Ba zan ambaci sunanka ba. Zan bar maka wuri ka faɗa da bakinka. Don Allah, Haris, kada ka bar ni ni kaɗai a ɗakin can.”

Daga ciki muryar Gwaggo Hure ta taso. “Ku shigo ku duka biyu. Ba hira ta kawo ni ba.”

Suka shiga ɗakin Inna. Gwaggo tana kan kujera, Inna a bakin gado, Haris ya durƙusa a gefen tabarma kusa da ƙofa, Sahura ta zauna a tabarma. Gwaggo ta ciro waya daga jaka, ta lalubo tabarau ta saka. An riga an tsayar mata da hoton a daidai wurin: hannu mai tabo a kan farin zanin gado, wani babban hannu ya lulluɓe shi.

“Turai, ni ban iya kwana-kwana ba,” ta fara. “Ɗiyarki ta dube ni cikin ɗakin ga ta rantse. Ni nik koma Anka nic ce ma ƙanena yarinya ta gari ta, niɗ ɗauki nauyinta bisa wuyana. Yau matan unguwa na biyo ni har gida da waya, suna ce min Hure ga sarakuwarku. Sau nawa nik kalli abin ga? Ya hi ashirin. Ina kallo ina roƙon Allah shi sa ba ita ta ba.”

Ta juyo da wayar. “Ke, hannunki na ko ba naki na ba?”

“Nawa ne, Gwaggo.”

Inna ta runtse ido.

“Amma ɗayan ba na namiji ba ne. Na Dija ne, mai yi wa ’yan wasa kwalliya. Haka ake yi, saboda an hana namiji taɓa mace.”

Gwaggo ta yi wata gajeriyar dariya. “Mace da wanga hannu? To Allah shi kyauta.”

Sahura ta buɗe wayarta. Aikinta ne ajiye hoton kowace fitowa, ba ta taɓa goge ko ɗaya ba. Ta samo na ranar, wanda ta sa wani yaron aiki ya ɗauka mata. Ga ta a kan gado, ga Dija a tsugune da ɗankwalinta da ’yan kunne, hannu ɗaya cikin kaftani, tana dariya har da haƙorin Makka. Can a lungu kuma ga Haris a kan benci, da kwalbar lemo.

Ta sa yatsu biyu ta ja hoton har lungun ya fice, sannan ta miƙa.

Gwaggo ta daɗe tana dubawa. Fuskarta ta ɗan saki, Inna har ta fara gyara zama. Sai tsohuwar ta mayar da wayar tana girgiza kai.

“Ku da kuka sa mutum shi tashi sama, kuka sa matacce shi yi magana, haɗa hoto wuya za shi yi muku? Ban ce kin yi ƙarya ba. Amma ba ni kai ma Alhaji hoton ’yan fim in ce shaida ta. Akwai mutum guda, wanda ba ɗan fim ba, da yag ga abin ga da idonai?”

Sahura ba ta waiga ba. Tana jin numfashinsa a bayanta. Inna ce ta kasa haƙuri, ta zuba masa ido, bakinta na motsi ba sauti.

Gwaggo ta bi idon Inna. “Haris, kai ka san wani abu cikin maganag ga?”

A waje kaji na tsattsagar shinkafar da aka shanya, ba wanda ya tashi ya kore su.

“Ban san komi ba, Gwaggo,” in ji Haris. “Sai dai ina roƙon a yi mata haƙuri. Kowa na kuskure.”

Inna ta ce, “Innalillahi,” a hankali, ta sunkuyar da kai.

Wani abu ya mutu a zuciyar Sahura a lokacin, kuma ta ji mutuwarsa sarai. Kukan da take riƙewa ya tsaya cak. Ta kife wayarta a tabarma.

“Gwaggo, bar tawa wayar, tunda ta ’yan fim ce. Ɗauki taki.”

“Na ce maki na gani ya hi sau ashirin.”

“Hannuna kika gani. Ke da Lirwanu da matan unguwa, duk hannuna kuka kalla. Don Allah yau ki kalli ɗayan.”

“Sahura,” in ji Haris.

Ba ta ko juya ba.

Gwaggo ta gyara tabarau, ta kawo wayar kusa da hanci. Ta dubi yatsun, ta dubi hannun kaftanin. Sai carbin da take ja ya tsaya.

Agogo ne mai baƙar fuska, irinsa dubu ne a kasuwa. Amma maɗaurin jan fata ne, da ɗinkin koren zare a gefe, kuma irinsa ɗaya ne a duniya. Alhaji ya sayo agogon a Makka ya ba Haris ranar da ya gama makarantar koyon aikin lafiya. Da maɗaurin ya tsinke, Gwaggo Hure ce da ƙafarta ta kai wa baduku a kasuwar Anka, ita ta zaɓi fatar, ita ta ce a sa koren zare.

Ta ɗago kai a hankali. “Haris, miƙo hannunka na hagu.”

Bai motsa ba.

“Na ce miƙo shi.”

Ya miƙa. Ta ture hannun rigar, ta dubi zoben farar fatar, ta sake duban wayar. Muryarta ta sauka ƙasa ƙwarai.

“Ashe kai na? Kai ka riƙe mata hannu gaban duniya, kaz zo nan kana ce min a yi mata haƙuri?”

“Wallahi ba ni na ba, Gwaggo. Wallahi hannun Dija na. Ara musu nis yi kawai, ina zaune can gehe bisa benci, ko kusa da gadon ban je ba. Mata biyu na, na gani da idona, Sahura ba ta taɓa kowa ba. Ki tambayi duk wanda ke wurin.”

Maganar ta yi ta zubowa ba ko tuntuɓe. Shaidar da Sahura ta roƙa da hawaye a zaure, ga ta nan ta fito cikakkiya, har da rantsuwa biyu, da zarar zargin ya juyo kansa. Ta zauna tana saurare, tana jin kunyarsa kamar ita ta yi abin.

Da ya yi shiru, Gwaggo ta cire tabarau ta ninke. Tsohuwa ce mai zafi, amma ba azzaluma ba ce.

“Turai, ki gahwarce ni. Na shigo maki gida da zargi, ashe ɓarnar daga namu gida take.” Ta juya ga Sahura. “Ɗiyata, kin hita. Hannu dai kin sa, da ba ki sa ba ya hi, amma ba abin da anka ce na ba. Alhaji ni za ni ji da shi, shi da ɗanai. Rana na nan inda anka aje ta.”

Inna ta ɗaga hannu sama, hawaye na bin kumatunta. Haris ya ɗago kai karo na farko, fuskarsa ta yi haske kamar wanda aka sauke wa buhu.

“Gwaggo, na gode,” in ji Sahura. “Amma a bar ranar.”

“A ɗaga ta?”

“A bar ta gaba ɗaya.”

“Ke, Sahura,” in ji Inna, “kina da hankali?”

Haris ya matso da gwiwa. “Don Allah kada ki yi min haka. Na hwaɗi gaskiya, kin ji da kunnenki na hwaɗi.”

“Na ji. Na kuma ji lokacin da ka faɗe ta.” Sai yanzu ta dube shi, kukan ya dawo mata, tana magana yana sarƙe ta. “Da tun a zaure ka ce min tsoro kake ji, mu shiga tare, da na riƙe ka har gaban Baba. Da ka yi shiru ma kawai, da na nema maka uzuri. Amma ka ce kowa na kuskure. Ka zauna a bayana ka yafe min laifin da ka san ban yi ba. Gobe in an ce an gan ni a wani wuri, in an ce ɗan da na haifa bai yi kama da kai ba, me za ka cire ka ɓoye a aljihu?”

Gwaggo Hure ta miƙe, ta gyara lulluɓi. A bakin ƙofa ta tsaya ta dafa kan Sahura, abin da ba ta taɓa yi ba.

“Da ɗiyata ta ke, haka za ni so ki ce,” ta faɗa. “Amma ɗanmu na, dole in so ki sake tunani. Tashi mu tahi, kai kuma.”

Ya tashi. A tsakar gida ya tsaya ya waigo, ya sa hannu a aljihu ya ciro agogon, yana juya shi kamar bai san abin da zai yi da shi ba. Gwaggo ta daka masa tsawa daga zaure, ya bi ta.

Ƙarar motar ba ta gama ɓacewa ba Inna ta fashe da kuka.

“Kin wanke sunanki, na gani, na gode ma Allah. To wa za ki aure? Shekara ashirin da bakwai, Sahura. Gobe Lirwanu za shi zaka da ubanai, in ce musu mi? Wa za shi yarda ke kika hwasa? Cewa za a yi an gan ki cikin fim an hwasa.”

Gaskiya Inna ta faɗa, kuma Sahura ta sani. Gaskiyar da aka tono a ɗakin nan ba za ta wuce zaure ba. Hoton hannunta kuwa ya riga ya zaga Gummi da Anka da Bukkuyum, yana nan a wayar kowa.

Ta fita ta kori kajin, ta tsuguna tana tattara shinkafar da suka watsar, hawaye na ɗiga a kan tabon. Wayarta ta yi ƙara a ɗaki. Duk da abin da ta faɗa, wani sashe nata ya so a ce Haris ne. Ta je ta ɗauka.

Darakta ne, bayansa hayaniyar wurin aiki.

“Sahura, yi haƙuri, na san kina gida wurin maganar biki. Mun tsaya cak. Fitowar da uwar miji ta shigo da kwanon fura, a wane hannu ta riƙe shi? Ba wanda ya tuna.”

Ta rufe ido. Littafin yana Kano, amma ba ta bukatarsa.

“Hagu,” ta ce. “Ludayin yana ciki, mayafinta a kafaɗar dama.”

“Allah ya yi miki albarka. Yaushe za mu gan ki? Ko amarya ta fi ƙarfinmu?”

Ta dubi Inna, wadda ke kuka a bakin gado, ta dubi tabarmar da Haris ya durƙusa a kai, har yanzu gefenta a naɗe.

“Ku ajiye min kujerata,” ta ce. “Gobe da azahar ina wurin.”